Wutsiyar Kalma

Shekara arba'in da ɗaya ina ɗora dutse kan dutse a Brindisi,
ban taɓa tambayar dutse me yake faɗi ba,
sai ranar da muka fasa katangar tsohon gidan man zaitun
a bayan tashar jiragen ruwa.
Wani farin dutse ya faɗo rub da ciki, na birkice shi:
layi uku, iskar gishiri ta cinye rabi,
saura na kallona kamar mai jiran gaisuwa.

Addolorata mai shagon tsofaffin littattafai
ta dubi furfurata, ta dubi farcen da siminti ya ci,
ta ce, "Oronzo, Latin? Yanzu da yamma ta yi?"
Ta hau tsani tana tsaki,
ta sauko da nahawu mai koren bango, an ɗaure shi da zare,
da ƙamus wanda ɓera ya riga ni farawa.

Ashe wani yaro ya taɓa zama a littafin.
Teodoro, aji biyu, shuɗiyar tawada.
Ya zana jirgin ruwa a shafi na sha tara,
a na talatin ya rubuta "na gaji",
daga na hamsin babu sawunsa.
Na wuce shi cikin Maris, ni kaɗai, ina waiwayawa.

Kalma guda, riga shida:
ta mai yi, ta wanda aka yi wa, ta mai abu,
ta wanda aka miƙa wa, ta wanda ake kira daga nesa,
ta shidan kuwa tarwaɗa ce, har yau ban riƙe ta ba.
Kai ɗaya ne, wutsiya ke sauyawa.

Ina haddace su ina jiran taliya ta nuna,
Cosima na cewa mijinta ya fara hira da tukunya.
A ƙarshen littafi ga guntayen karatu:
wani na kukan tsadar alkama,
wani na koya wa ɗansa dashen inabi,
wani ya kai ƙarar maƙwabci a kan katanga.
Na yi dariya har da tari,
shekara dubu biyu, rigimar ba ta tsufa, masu ita ke wucewa.

Dutsen nawa an kai shi gidan tarihi.
Duk Alhamis ina zuwa, da littafi a aljihun kwat.
FILIA, na karanta, ga PAT da ya gutsure.
Na ce 'ya ce ta kafa wa ubanta,
ya tsufa, ya ƙoshi da kwana, ta rufe shi da hannunta.
Har na buga wa Nives waya can Torino,
na ce ji yadda 'ya'yan da ke yi, tana ta darawa.

Wata yamma cikin Oktoba,
mai gadi na kaɗa makullai,
rana ta shigo ta taga a karkace,
inuwa ta kwanta cikin wani ɗan tsagi da ban taɓa gani ba.
E.
Harafi ɗaya, siriri kamar tsagar farce.
FILIAE.
Hannuna na rawa na buɗe shafi na sha tara,
ga ta nan ƙarƙashin jirgin Teodoro:
rigar wanda aka miƙa wa.

Ba ita ta kafa ba. Ita aka kafa wa.
VI ɗin da ke layin ƙasa,
da na ɗauka jelar babbar lamba ce da gishiri ya ci,
ba jela ba ce. Shida ne. Iyakarsu ke nan,
babu abin ƙarawa.

Na san dutse, na san inda hannu ke sanyi.
Wanda ya sara harafin nan bai danna ba.
Ko ƙarfensa ne ya dakushe,
ko uban na tsaye a kansa, ban sani ba.
Nahawu bai kai nan ba, ƙamus ma ya yi shiru.

Daren nan ban buɗe littafi ba.
Na kira Nives, na ce kin ci abinci?
Ta ce, "Baba, lafiya?"
Na ce lafiya lau,
yi ta magana kawai, ina saurarawa.